Wanda Ya Ɗauki Gadon Ƙarfe

Ranar Litinin, ashirin ga Mayu, 1918, da misalin ƙarfe tara na safe, Attilio Barra mai ɗaukar hoto ya buɗe gwangwanin fim na biyu a ɗakin wankin fim na kamfanin Palumbo. Ya jawo kan fim ɗin ya ɗaga shi saitin taga. Ya yi tsammanin ganin lungu da mata da katifu. Dawaki ya gani suna tsere. Ya ƙara ja, dawaki. Ya warware naɗin har ƙarshe, ya cika ƙasa da shi, sannan ya fita ya kira mai kamfanin.

Kamfanin ba wani babban abu ba ne. Ɗakuna uku ne a saman wani tsohon bene a unguwar Sanità ta birnin Napoli, sai rufin soro da aka kewaye da zannuwan gado don rage hasken rana. Manyan kamfanonin Torino da Roma suna yin fina-finan sarakunan da, da giwaye da dakaru. Mai kamfanin, Don Saverio Palumbo, kuwa ko jaki ba zai iya haya ba, shi ya sa ya koma ɗaukar talaucin unguwa, wanda yake kyauta ne. Mutanenmu suna son haka. Su biya, su zauna a duhu, su ga irin ɗakinsu a jikin bango, su sha kuka su fito. 'Yan'uwanmu da suka tafi New York sun ma fi mu kukan.

Sufeto Raffaele Tortora ya iso da ƙarfe goma da rabi. Shekararsa ashirin da shida a aikin ɗan sanda, gwiwoyinsa kuma ba sa son bene. Ya huta a bakin ƙofa kafin ya yi magana.

"Me aka ɗauka?"

"Raina aka ɗauka, Sufeto!" in ji Don Saverio. Gajere ne mai tumbi, yana ta fifita da hularsa.

"Ban da ranka."

Attilio ne ya yi bayani. Sunan fim ɗin Katifa Ɗaya, labarin wata gwauruwa da 'ya'yanta uku. Naɗi huɗu ne. Kowane naɗi yana da uwa, wato wanda ya fito daga cikin kyamara, da kuma kwafin da aka wanko daga uwar. Idan kwafi ya ɓace a sake wanko wani. Idan uwa ta ɓace, shi ke nan. An ɗauke uwar naɗi na biyu, an cika gwangwaninta da tsohon fim ɗin tseren dawaki. An kuma ɗauke kwafinsa guda ɗaya tak da yake akwai.

"Sauran ukun fa?"

"Suna nan."

"Kyamara?"

"Ga ta can. Ba a taɓa ba."

"Nawa take yi?"

"Ta fi duk abin da ke gidan nan tsada, har da mai gidan," in ji Attilio.

Tortora ya duba ƙofa da tagogi. Ba a fasa komai ba. Da yamma ana kulle wajen da kwaɗo biyu, kuma mabuɗan suna aljihun Don Saverio. Da rana kuwa ɗakin gwangwanaye a buɗe yake. Mutum huɗu ne suka shiga cikinsa a makon: mai kamfanin, Attilio, 'yar wasa Olimpia Donadio, da Donna Fortuna Aprea mai sa wa fim launi.

"Me ke cikin naɗi na biyu?"

Don Saverio ya daina fifita. Ya ce huɗu ga Mayu ce a ciki. Kowa a Napoli ya san ranar: ranar ƙarewar haya, ranar da rabin gari yake kan titi da tukwane da kujeru a ka. Sun sami labarin za a fitar da wata mata da 'ya'yanta daga ɗakinsu a lungun Cordaio. Suka ba ta lira goma sha biyar, suka kafa kyamara a kan amalanke, suka ɗauki abin yana faruwa. Ma'aikacin kotun na gaske ne. Kukan ma na gaske ne.

"Ba za a sake samun irinsa ba," in ji shi. "Ranar Juma'a ya kamata ya tafi Roma ofishin tace fina-finai. Daga can sai jirgin ruwa."

"Wa ya ba ku labarin matar?"

"Donna Fortuna. Ta ce wata baiwar Allah ce da ta sani, kuɗin zai taimaka mata."

Tortora ya ɗauki fim ɗin dawakin daga ƙasa. Guntaye bakwai ne aka liƙa da juna don su yi nauyin naɗi guda. Ya bi mahaɗan da babban yatsa. Duk sun yi santsi, ramukan gefe sun zauna daidai.

Ya fara da mai kamfanin, a ɗakin da ya kira ofis.

"An ce Roma ba ta son a nuna tsumma da yunwa yanzu da ake yaƙi."

"Roma ba ta taɓa so ba. Cewa suke muna kunyata ƙasa. Kamar ni na tsiyata mutane."

"Idan suka hana fim ɗin, ka yi asara. Idan aka sace naɗin da zai jawo hanin..."

Don Saverio ya yi dariya ba daɗi. "Sufeto, fim ɗina ne. In ina tsoron wani wuri, almakashi zan sa in yanke, in ci abincina. Me zai sa in saci kayana, in kuma aika a kirawo ka ka hau matakala casa'in da huɗu?"

"Casa'in da shida."

"Ka gani."

Signorina Olimpia ta zo bayan sha ɗaya, da hula mai gashin tsuntsu. Ita ce gwauruwar fim ɗin. Ranar Alhamis da ta wuce an ji ta tana ihu a kan naɗi na biyu.

"Na yi ihu, ban musa ba," in ji ta. "Awa uku na tsaya a lungun nan da gawayi a fuska, yara suna ja mini zane. Da aka haska mana, ina nake? Can gefe, kamar tsintsiya. Attilio ya juya kyamara kan wata mata mai haƙora huɗu."

"An ce kin ce za ki ƙona shi."

"Na ce zan ƙona shi, na ce zan ƙona Attilio, na ce zan faɗa teku. Ga ni nan."

Tortora ya miƙa mata guntun fim. "Duba mini nan. Ke ce?"

Ta damƙe shi a tsakiya da yatsu biyar, ta murɗa shi, ta kanne ido. "Doki ne wannan. Zagi ne, Sufeto?"

"A'a. Na gode, Signorina."

Da ta fita ya dubi fim ɗin. Sawun yatsunta ya ɓata hotuna shida. Duk wanda ya yi ko mako guda a ɗakin wanki, a gefe-gefe yake riƙe fim, ko a cikin barci. Hannun da ya yi wannan riƙon ba shi ya liƙa guntayen nan bakwai ba.

Attilio dogo ne siriri, mai tari. Tarin ne ya hana a kai shi soja. Tortora ya same shi a rufin soro yana shan taba, nesa da fina-finai.

"An gan ka da mutumin wani kamfani a gidan shan gahawa."

"Sun ce za su ninka mini albashi. Na ce su bari in yi tunani. Shekara uku ke nan ina tunanin."

"Za su sayi naɗin nan?"

"Da gudu. Amma ni ke wanki, Yallaɓai. In sayarwa zan yi, sai in wanko musu kwafi ranar da maigida ya tafi aski, in mayar da uwar inda take. Wa zai sani?" Ya yi tari. "Kuma ni na buɗe gwangwanin yau. Da na yi shiru, sai Alhamis za a gano."

Tortora ya riga ya yi wannan lissafin. Ya zauna a kan akwati. "Faɗa mini abin da ka ɗauka. Daga farko."

Attilio ya faɗa, yana nunawa da hannu. Ma'aikacin kotu ya karanta takarda. Matar, Rosaria, ta zauna a dokin ƙofa ta ƙi tashi. Maƙwabta suka fara fito da kaya: tukunya, kujera biyu, katifa ɗaya, hoton waliyyi. Daga nan aka tsaya cirko-cirko, don gadon ƙarfe ya ƙi fita, kuma duk lungun mata ne da tsofaffi.

"Sai wani mutum ya fito daga gidan da ke kallon nasu. Hula har ido, gemu buzu-buzu. Ya shiga, ya karkata gadon, ya ɗora shi a baya shi kaɗai. Yana fitowa ƙarfen ya ture hular ta faɗi. Sai ƙaramar yarinyar, ba ta fi shekara huɗu ba, ta ƙwace daga hannun uwarta ta ruga ta rungume ƙafarsa. Shi kuwa hannuwansa biyu suna riƙe da gado, ba halin ya taɓa ta. Ya tsaya haka." Attilio ya jefar da tabar. "Shekara goma sha ɗaya ina juya hannun kyamara, ban taɓa ɗaukar abu kamar wannan ba."

"Wane ne shi?"

"Ɗan dako, na ɗauka."

"Yarinyar ta ce wani abu?"

"Ta yi ihu. Ban ji ba. Kyamara tana ƙara a kunnena, ga hayaniya."

"Fuskarsa ta fito?"

"Daƙiƙa goma, sha ɗaya. A bango kamar walƙiya ce."

"Donna Fortuna tana wurin?"

"A'a. Ba ta zuwa ɗauka. Tana nan a teburinta."

Teburin yana jikin taga a ɗaki na uku. An yanke tsakiyarsa an sa gilashi, da madubi a ƙasa mai maido hasken rana. Donna Fortuna tana zaune da baƙaƙen kaya, gilashin ƙara girma a gabanta, buroshi siriri kamar allura a hannunta. Za ta yi shekara hamsin da biyar. Yatsunta sun rine da ja da shuɗi har ƙarƙashin farce. Aikinta shi ne ta bi fim hoto bayan hoto, kowanne bai fi tambarin wasiƙa ba, ta sa wa wuta ja, ta sa wa teku shuɗi. Hoto goma sha shida ne suke yin daƙiƙa ɗaya a bango.

Ba ta ɗago ba sai da ta gama wanda take kai.

"Ke kika riƙe kwafin na biyu?"

"Ni ce, Yallaɓai. Daga Litinin zuwa Laraba."

"Kin gama shi?"

"A'a. Idona ya yi ciwo ranar Laraba. Na mayar da shi kan kanta na tafi gida da rana."

"Yana yawan yi miki haka?"

"Shekaru ne."

"Wa kike wa takaba?"

"Wa bai rasa wani ba a yaƙin nan?"

Ya ba ta guntun dawakin. Ta karɓa a gefe-gefe, ta duba, ta mayar.

"Liƙi mai kyau," in ji Tortora.

"Ba laifi."

A kan bene ya tambayi Don Saverio ko matar ta saba tashi kafin lokaci. Don Saverio ya ce shekara tara tana tare da shi, ranar da aka binne mijinta ma da yamma ta dawo aiki.

Lungun Cordaio bai fi tafiyar minti goma ba. Shanya ta rufe sama daga taga zuwa taga. Ɗakin da aka fitar da Rosaria har an sa wasu. A bakin lungun wata ƙatuwar mata tana soya gurasa a kasko. Tun daga nesa ta gane takalmansa na ɗan sanda ne.

"Donna Titina, ko?"

"In haraji ne, na biya. In yunwa ce, zauna."

Ya sayi ɗaya. "Ina Rosaria ta koma?"

"Wajen wata 'yar'uwarta, can bayan gari. Ko Resina, ko Portici. Ban riƙe ba."

"Wa ya ɗauki gadonta?"

"Wane gado?"

"Na ƙarfe."

"Au, tana da gadon ƙarfe? To madalla da ita."

Ya tambayi mai gyaran takalmi, ya tambayi wasu mata uku masu ɗinkin safar hannu a ƙofar gida. Ɗaya ta ce ɗan dako ne daga tashar jirgi. Ɗaya ta ce tana coci a lokacin. Ta ukun ta ce ita kurma ce, kuma da murya mai kyau ta faɗa. Lungu ne da ake sanin abin da kowa ya dafa, amma babu wanda ya ga mutumin da ya ɗauki gado a tsakiyar rana gaban kyamara. Tortora bai yi fushi ba. Shirun ya gaya masa mutumin ɗan gida ne.

A kwanar lungun akwai gurbin addu'a a jikin bango, da hoton Madonna, wato Maryam uwar Isa, da 'yar fitilar mai. Kamar ko'ina a unguwannin nan, an kafe hotunan mamatan lungun a kewaye, kuma tun bara yawancinsu masu kakin soja ne. Ya ƙirga goma sha uku. A layi na biyu akwai wani fili mai kusurwa huɗu da farar ƙasarsa ta fi ta kewaye haske, da ramukan ƙusa huɗu. A ƙasa an rubuta da fensir: Iodice Sabatino, 1891. Kusa da ramin sama na dama, inda mutum zai dafa don ya zare ƙusa, akwai ɗan shafin shuɗi.

Ya koma ofis ya sa aka ɗauko masa jerin sunayen sojojin unguwar da ba a san inda suke ba tun rugujewar dakaru a arewa cikin Oktoba. A takardunmu kowane suna yana tafe da na uba da na uwa. Ya sami layin a shafi na shida: Iodice Sabatino, ɗan marigayi Ciro da Aprea Fortuna, mijin Rosaria, 'ya'ya uku. A gefe an rubuta: ya ɓata, ana zaton ya mutu. Ya rufe takardun ya mayar da su wurinsu da kansa.

Washegari da rana tsaka, lokacin da Don Saverio da Attilio suka sauka cin taliya, ya sake hawa benen. Donna Fortuna tana cin gurasa da tumatir a kan tsumma. Ya jawo kujera ya zauna kusa da ita.

"Zan yi magana, ke ki ci abincinki," in ji shi. "Ɓarawon waje da kyamara zai tafi. Abokin gasa da naɗi huɗun zai tafi. Wanda ya yi wannan naɗi ɗaya yake so ya ɓace, uwa da kwafi, ke nan abin da ke cikin hoton ne damuwarsa. Ya iya liƙi, don haka ba Signorina ba ce. Don Saverio da Attilio suna da hanyar da ta fi sata sauƙi. Kuma su a bango suka ga fim ɗin, yana gudu. Mutum ɗaya ne a gidan nan yake kallon hoto ɗaya na minti biyu da gilashi."

Ta ci gaba da taunawa a hankali.

"Ke kika kawo maganar Rosaria, don matar ɗanki ce, kina so ta sami lira goma sha biyar. Ba ki faɗa ba, don kada a ce kin kawo naki. Ba ki je ɗaukar ba. Ranar Laraba kika iso wurin gadon."

Ta ajiye gurasar.

"Jiya na je Cordaio. Uwa ba ta barin hoton ɗanta mai rai a cikin na matattu. Kin bar shuɗi a bango."

Donna Fortuna ta dubi yatsunta, ta juya su.

"Ina sa wa ɗankwalin wata mata ja ne. Sai hula ta faɗi. Na ce kama ce, mutane suna kama da juna. Na ja gaba. Hoto na gaba, na gaba. Sai na ga kunnensa na hagu, wanda kare ya ciza yana ɗan shekara shida. Na ja gaba. Sai ga jikata Ninetta ta rungume shi, bakinta ya buɗe, ya rufe, ya buɗe. Shekara tara ina kallon bakin mutane ba murya, Yallaɓai. Na san yadda 'baba' take."

"Ba ki san ya dawo ba?"

"Wata bakwai ina kunna masa fitila. Rosaria ta ɓoye mini. Ta ce ina aiki da masu surutu, kuma fuskata ba ta iya ƙarya. Tun Disamba yana cikin rumbun gawayin maƙwabta. Da ƙafa ya zo daga arewa." Ta share bakinta. "Ta roƙe shi kada ya fito ranar. Ya ce ba zai zauna a rami yana jin ana jan gadon da aka haifi 'ya'yansa a ƙasa ba."

"Sai kika lissafa."

"Ba wani lissafi. Ranar Juma'a 'yan sanda ne za su kalle shi a Roma. Bayan haka a haska shi a nan Sanità, jandarmomi, 'yan sandan soja, a layin baya kyauta, da masu kai musu rahoto a layin gaba. Ka ga takardun da ake liƙawa a bango. Ka san abin da ake yi wa sojan da ya gudo."

Ya sani. A kan ɗaure mutum a kujera, a harbe shi ta baya.

"Ina fim ɗin?"

Ta sunkuya ta jawo kwandon tsummokaran goge buroshi daga ƙarƙashin teburin. A ƙasan tsummokaran naɗi biyu ne, a nannaɗe cikin zane mai tsabta.

"Bai taɓa barin ɗakin nan ba. Na yanke hoto ɗari da saba'in da takwas daga kowanne, na kai gida na sa a kaskon wuta. Sauran na so in liƙe in mayar kafin Alhamis. Attilio ne ya riga ni."

"Duka kika ƙona?"

"Duka."

Akwai wani ɗan ƙullin baƙin ƙyalle a zaren da ke wuyanta, ɗinkinsa sabo. Tortora ya dube shi, ya dubi taga.

"In da saura, a ƙona shi yau. Wanda zai zo bayana ba lallai ya yi ciwon gwiwa ba, zai fi ni bincike."

"Ɗana fa?"

"Ƙarar da aka kawo mini ta fim ce. Ga fim." Ya miƙe. "Amma lungu guda ya san abin nan, da ke, da ni. Mun yi yawa. Kada ya kwana uku a Cordaio."

Da su Don Saverio suka dawo, Tortora ya ajiye naɗin biyu a gabansu. Ya ce Donna Fortuna ta ɓata wani yanki da launi, tsoro ya kama ta, ta yanke ta ɓoye sauran. Attilio ya warware uwar da sauri har ya kai wurin. Ya daɗe yana kallon inda aka yanke. Ya ɗago ya dubi matar, ya dubi baƙaƙen kayanta, ya buɗe baki, sai ya mayar da shi tari.

"Launi ba ya zuba a kan uwa," in ji Don Saverio a hankali. "Ba a kai uwa teburinta."

"Haka zan rubuta," in ji Tortora. "In kana da wani bayanin, sai mu tafi ofis ka faɗa a gaban magatakarda, da sunayen duk wanda ka ɗauka a lungun."

Don Saverio ba wawa ba ne. Ya janye ƙarar a tsaye. Amma bai yafe ba. Ya sa Donna Fortuna ta liƙe naɗin biyu da hannunta, ta ƙarasa launin, ranar Asabar ya sallame ta. Ta koma ɗinkin safar hannu, a kan kashi ɗaya cikin uku na abin da take samu. Sabatino ya bar Cordaio a cikin amalanken gawayi. Wata goma sha shida ya yi a duwatsun bayan Avellino, har aka yi wa irinsa afuwa bayan yaƙi, ya sauko da haƙoransa a zube. Uwarsa ta gan shi, da ɗan ganin da ya rage mata.

Roma ta yanke wurare biyu ta bar sauran. Aka fara haska Katifa Ɗaya a ƙarshen Yuni, a wani ɗan gidan silima kusa da ƙofar San Gennaro, nunin ƙarfe huɗu na yamma. Akwai mai piyano da mawaƙi a gefen allo. Mutanen Cordaio sun cika layuka uku. Tortora ya zauna a baya, inda ake ajiye wa hukuma kujeru, kusa da wani sajan jandarma mai cin gasassun 'ya'yan kabewa.

Naɗi na biyu ya zo. Ma'aikacin kotu ya karanta takarda. Rosaria ta zauna a dokin ƙofa. Mata cikin 'yan kallo suka fara sharɓar kuka. Gadon ƙarfe ya maƙale a ƙofa, wani mutum mai hula har ido ya shiga ɗakin, an gan shi ta baya. Sai hoton ya yi tsalle. Gado yana kan amalanke a ɗaure, yarinya tana hannun uwarta tana kuka, tana miƙa hannu wajen da babu kowa.

Wasu baƙi a tsakiya suka yi dariya. Layuka ukun nan ko motsi.

Sajan ya tofar da ɓawo. "Ka ga aikin mutanenmu. Gado ya tashi da kansa. Duk wanda ya yanka fim ɗin nan bai san aikinsa ba."

"Mace ce," in ji Tortora. "Ta sani."